Inci Biyu da Falon Yayansa

Shekara goma sha tara na yi ina riƙe wa mutane makirufo a gidan talabijin, kuma ban ga wanda ya kai Inci Biyu rashin iya baƙunci ba. Idan ka gayyace shi gidanka, gaisuwa na bakinsa amma idonsa na kan ƙofarka. Kana ba shi labarin ciwon bayanka, shi yana lissafin tazarar da ke tsakanin kujerarka da taga. Ba ya fito da tef ɗin awo, ya san wannan rashin ladabi ne. Da ido yake yi. An ce ido ba mudu ba ne amma ya san kima; to nasa idon mudu ne, har da gyara.

Aikinsa shi ne gina ɗakunan ƙarya, masu bango uku, waɗanda ake yin wasan barkwanci a cikinsu. Daga baya ya zama furodusa, wato shi ke da wuƙa da nama a kan shirin gaba ɗaya. Amma ko da ya samu ofis da fanka, ba a taɓa raba shi da fensir a bayan kunne ba.

Yana da shekara shida mahaifinsu ya rasu. Babban wansa, wanda ya girme shi da shekara ashirin, akawu ne a gidan waya, shi ya ɗauke shi ya kai gidansa. Inci Biyu bai taɓa kiransa da wani suna ba sai Yaya, matarsa kuma Anti, mu ma a wurin aiki haka muka san su, kamar yayanmu ne duka. Yaya ba mafaɗaci ba ne. Bai taɓa ɗaga masa hannu ba, ba ya ma buƙata. Mutum ne da idan ya dube ka ta saman tabarau sai ka tuna laifin da ka yi bara. Komai na gidansa da wurinsa, komai da lokacinsa, har tari ma a kan ƙa'ida yake yinsa.

A makaranta ƙanin bai tsinana abin kirki ba. Malamin zane ne kawai ke yabonsa, shi ma da ƙorafi, domin idan aka ce a zana aji sai ya zana tebura da allo da tagogi tsaf, har da inda fenti ya ɓare, amma babu ɗalibi ko ɗaya. Da aka tambaye shi ina mutanen, sai ya ce sun fita tara. Yaya ya dubi takardar sakamakonsa, ya dubi zanen, ya kama hannunsa sai shagon kafinta. Shekara bakwai ya yi a can. Ranar da ya kama ɗakin kansa ya bar gidan Yaya, doka ɗaya aka kafa masa: kowace Asabar da la'asar zai zo ya zauna. Ya yi aure, ya haifi 'ya'ya huɗu, furfura ta fara leƙo masa, dokar tana nan.

Shigarsa gidan talabijin kuwa, kuskure ne ya yi masa hanya. A lokacin wasan barkwancinmu bai wuce mutum biyu su tsaya gaban labulen da aka zana gida a jiki suna yi wa juna ihu ba. Wata rana darakta ya ce yana son ƙofa ta gaske, wadda ake buɗewa a shigo. Aka aika a kira kafinta mafi kusa. Katakon da aka ba shi bai isa ba, shi kuma sabon shiga ne, kunya ta hana shi magana, sai ya rage tsayin ƙofar da inci biyu ya yi shiru.

Wanda ke fitowa a matsayin attajiri a shirin dogo ne, ga hula a tsaye kamar bokiti. Ya shigo da taƙama, saman ƙofa ya tsinke hular. Ya ɗauka, ya ci gaba. Shigowa ta biyu ya manta, ta sake faɗi. Ta uku ya tuna, ya sunkuya, amma ya sunkuya da wuri ya miƙe da wuri. Mai kyamara ya yi dariya har hoton ya riƙa rawa, ni kuma na cusa hannun riga a baki. Darakta ya rantse ba za a sake kiran wannan kafinta ba. Sati biyu bayan nan wasiƙun masu kallo suka fara zuwa, babu mai maganar labarin da aka rubuta, kowa hula yake tambaya. Aka aika a nemo kafinta. Ya zo da zarto yana ba da haƙuri, zai gyara. Aka ce idan ya taɓa ƙofar nan sai an ɗaure shi.

Wani zai ɗauki abin a matsayin sa'a ya wuce. Shi sai ya zauna yana tunanin dalili. Ya yi wata da watanni yana gwaji da kujeru da tebura, har ya fito da iliminsa, wanda ya riƙa karanta mana ko mun tambaya ko ba mu tambaya ba. Inci ɗaya, in ji shi, ba wanda zai gani. Inci uku, kowa zai gane an yi ne don a ba shi dariya, kuma mutum ba ya son a ja shi da igiya zuwa dariya. Amma inci biyu ido ba ya kamawa, jiki ne ke kamawa. Ka ɗaga tebur da inci biyu, babban mutum ya koma kamar yaron da aka zaunar a ci abinci. Ka rage wa kujerar shugaba inci biyu, gwiwoyinsa su taso, duk abin da ya faɗa ya zama roƙo. Daga nan sunansa na yanka ya ɓace. Har matarsa, idan ta kira ofis, Inci Biyu take cewa a haɗa ta da shi.

Bai tsaya a awo ba. Ya tsani sabon abu. Idan ya gama kujera sai ya shafa wa hannayenta mai ya goge da tsumma har su yi duhun shekaru. Ya zuba shayi a kan tebur ya bar shi ya bushe. Ya sa mu riƙa bi ta kan dardumar wasa da takalma mako guda kafin a ɗauki shiri. Na taɓa ganinsa ya durƙusa yana kankare fenti a gefen makunnin fitila, wai a kowane gida akwai inda yatsu ke laluba kafin su samu.

Da ya zama furodusa sai ya juya aikin baibai. Ko'ina labari ake fara rubutawa sannan a gina ɗaki. Shi ɗaki yake fara ginawa. Idan ya gama, sai ya kira marubucinmu, wani siririn mutum mai yawan ƙorafin ciwon ciki, ya zaunar da shi a ciki, ya ba shi shayi da takarda, ya ce ya zauna har sai ya ga wanda ke zaune a gidan. Marubuci ya yi ta mita cewa wannan ba aiki ba ne, duba ne. Amma a haka suka fitar da shirin shagon tela, da na ɗakin jiran likitan haƙori, da na masu gyaran rediyo biyu da ba sa ga maciji da juna amma teburin aiki ɗaya suke amfani da shi. Shekara goma ana dariya.

Sai shekarar da Manaja ya ce yana son shirin iyali, na wani dattijo mai ritaya da mutanen gidansa. Inci Biyu ya ce a ba shi kwana goma. Bai zana komai a takarda ba, abin da bai saba ba. Ya shiga kasuwar tsofaffin kaya kamar wanda aka aika da sunan kowane abu. Ya sayo agogon bango wanda sai an taka 'yar kujera ake murɗa shi. Kabad mai gilashi, cike da kofunan da ba a taɓa shan komai da su ba. Rediyo da ƙyallen rufe shi. Kalanda bakwai a rataye kan ƙusa ɗaya, ta bana a sama. Wani gwangwanin alewa a bakin taga, na ajiye tabarau. Sannan ya haɗa wata kujera mai hannu da kansa, ya ajiye ta tana fuskantar taga, ta ba ƙofa rabin baya. Kusa da ƙofa kuma 'yar kujera ta katako, mara jingina.

Na tambaye shi ina inci biyun wannan karon. Ya ce ya zagaya ɗakin sau uku yana neman inda zai ɓata, hannunsa ya ƙi. Ya ce abin ya ba shi mamaki shi ma, amma ɗakin ya riga ya cika.

Marubuci ko shayinsa bai shanye ba ya fito da shafi huɗu. Ya ce mai gidan nan tsohon hedimasta ne. Wanda aka ba rawar kuwa muna kiransa Tsoho, don tun yana da shekara ashirin da biyar tsofaffi yake fitowa. A lokacin bai kai arba'in ba. Ya shiga ɗakin, ya zauna a kujerar mai hannu. Abin da na gani ranar har yau ina juya shi a raina. Da aka buga ƙofa, tunda kujerar ta ba ƙofa baya, bai iya juyowa duka ba, sai ya murɗo wuya kawai ya dubi mai shigowa ta saman tabarau. Rediyo na daidai inda hannu ke kaiwa, sai ya riƙa rage murya ba tare da ya duba ba, alamar an ba ka izinin magana. Idan ya ƙara, ka gama. Da baƙo ya nufi kujerar yayin da Tsoho ya tashi murɗa agogo, sai ya ce daga kan 'yar kujerar da ya taka, ba tare da ya waiwayo ba, “Ba a zama a nan.” Babu wannan a rubutu. Haka kawai ta fito masa.

Shirin ya tashi kamar wutar kara. Sati uku, yara a titi suna ce wa juna ba a zama a nan. Direbobi suna rubuta shi a bayan mota. Manaja ya fara gaishe da Inci Biyu da hannu biyu.

Babu wanda ya taɓa shiga gidan Yaya a cikinmu, don haka babu wanda ya san cewa falonsa ne muke nuna wa duniya duk Alhamis, daga agogo har gwangwani. Abin da ya fi ɗaure kai shi ne, shi ma Inci Biyu bai sani ba. Na san da wuya a yarda. Ni ma sai da na tsare shi da tambaya daga baya. Ya ce an ce masa falon dattijo, ya rufe ido ya ce falo, abin da ya zo masa ke nan; bai san na wani ba ne, ya ɗauka haka falo yake. Kuma a duk ɗakunan duniya wannan ne kaɗai bai taɓa aunawa ba. Idan ya shiga, kan 'yar kujerar bakin ƙofa yake zama ya sunkuyar da kai, kamar yadda yake yi tun yana ɗan shekara shida. Cikin sati ukun nan ma ya je Asabar uku, ya zauna, ya sha shayi, ya tafi. Mutum dai ba ya ganin ƙeyarsa.

Matarsa ta gane tun daren farko, amma ta zaci da gangan ya yi, ta ce ba ta shiga tsakanin harshe da haƙori. Anti ma ta gane a gidan maƙwabta, ta dawo ta yi gum, tana addu'ar abin ya wuce. Yaya kuwa labarai kawai yake kallo, da an gama yake kashewa ya rufe akwatin talabijin da ƙyalle. Sai dai ya lura gaisuwar unguwa ta canza. Mutanen da shekara talatin suke rusuna masa sun fara gaishe shi suna cije leɓe. Mai sayar da jarida ya fara miƙa masa jarida yana kallon gefe. Duk wanda ya taɓa shiga falon nan neman a cike masa takarda ko a rubuta masa wasiƙa, kuma rabin unguwar sun taɓa, ya gane ɗakin, ya gane wuyan.

A shagon aski ya gani. Ana maimaita shirin ran Talata da rana, mai aski ya gama gefe ɗaya na kansa ke nan, sai Yaya ya ɗaga ido ya hango falonsa a cikin madubi. Ya ga agogonsa. Ya ga wani mutum a kujerarsa ya murɗo wuya. Mai askin ya ce min, don na je na tambaye shi, shagon ya yi tsit har ana jin injin aski na kuka a iska. Wani ya miƙa hannu zai kashe, Yaya ya ce a bari. Ya kalla har ƙarshe, har sunayen ma'aikata suka hau, na ƙaninsa a sama da manyan baƙaƙe. Sannan ya ce a ƙarasa masa ɗaya gefen.

Ran Asabar Inci Biyu ya iso da la'asar ya tarar da kurar ɗaukar kaya a ƙofar gidan Yaya. Ana ɗora kabad. Agogo na kwance a kan darduma, kujerar mai hannu an kifa ta a sama ƙafafu na kallon sama. Ya ce a nan, a titi, da ya ga kayan a waje ba a inda suka saba ba, a nan ya fara ganinsu. Yaya na tsaye da hannu a baya yana kula da masu lodi. Bai ɗaga murya ba.

“Na ji an ce kana da irinsu a wurin aiki,” in ji shi. “Biyu sun yi yawa.”

Inci Biyu ya fara rantsuwa cewa bai sani ba. Yaya ya dube shi ta saman tabarau, ya shiga gida, ya tura ƙyaure. Wa zai yarda? Mutumin da ke iya faɗa maka faɗin tagarka bayan ziyara ɗaya, ya ce bai gane ɗakin da ya girma a ciki ba.

Ran Litinin ya shiga ofishin Manaja ya ce a tsayar da shirin. Manaja ya yi dariya, ya zaci sabon barkwanci ne. Da ya ga da gaske ne sai ya tuna masa cewa masu talla sun yi layi, an yi alkawarin sati ashirin da shida, kuma babu dattijon da ya taɓa mutuwa don an yi dariyar agogonsa. Ya ce ya canza labule da fenti, shi ke nan, gyara kayanka ai ba ya zama sauke mu raba. Inci Biyu ya canza labule. Ya sauke kalandu. Ya mai da bango shuɗi. A banza. Muddin kujerar na kallon taga, Tsoho na murɗo wuya, kuma wuyan nan na Yaya ne ko da bangon zinariya ne.

To a nan ya tsaya tsakanin abu biyu. Shirin nan shi ne mafi kyawun abin da ya taɓa yi, ya sani, mu ma mun sani. Ga shi kuma Asabar biyu a jere yana zuwa ƙofar gida Anti na leƙowa ta ce Yaya na hutawa, alhali yana jin tarinsa daga ciki.

Sai ya kira marubuci ya ce ya rubuta cewa bututun ruwa ya fashe, gidan hedimasta ya cika da ruwa, iyali sun koma wani sabon gida a bene. Marubuci ya ce wannan kisan kai ne, ya riƙe ciki, ya rubuta. Sabon falon da Inci Biyu ya gina ba shi da laifi ko ɗaya: kujeru masu laushi a jere suna kallon ƙofa, komai sabo, komai daidai. Tsoho ya shiga ya zauna, ya rasa inda zai sa wuyansa. Ya ce “Ba a zama a nan,” maganar ta faɗi ƙasa kamar jiƙaƙƙen tsumma, don kujerun duk iri ɗaya ne, ba wanda ya ga dalilin hanawa. Wasiƙu suka fara zuwa na zagi, daga baya suka daina zuwa gaba ɗaya, wanda ya fi zagin ciwo. Sati bakwai aka rufe shirin.

Tsohon ɗakin kuwa da hannunsa ya wargaza shi, bai bar kowa ya taya shi ba. Ya so ya kai wa Yaya kujerar da ya haɗa, tunda tasa ta tafi. Matarsa ta ce idan ya gaji da duniya ne ya faɗa mata tun da wuri. Ya farfasa kujerar ya yi kantar ajiye fenti.

Manaja bai kore shi ba, ya yi masa abin da ya fi kora. Ya mai da shi sashen labarai da hira, inda aikin bai wuce tebur ɗaya, kujera biyu da tukunyar furen roba ba. Har yau a can yake. Na taɓa ce masa ya ɗan rage wa kujerar wani baƙo mai yawan surutu, ko don mu huta. Ya ce ya tuba.

Wata goma sha ɗaya yana zuwa ƙofar gidan Yaya duk Asabar. Ya yi sallama, Anti ta leƙo, su gaisa, ta ce yana hutawa, ya ce a gaishe shi, ya juya. Anti ta ce a ciki ita ma ba ta zauna ba. Ba ta taɓa roƙon Yaya kai tsaye, ta san halin kayanta. Sai dai ta riƙa zuba shayi kofi biyu duk Asabar, ta ajiye, ta kwashe ɗaya da sanyinsa a gabansa tana tsaki. Ta gaya masa an rufe shirin, ya ce bai tambaya ba. Ta gaya masa an rage wa ƙaninsa matsayi, ya ƙara muryar rediyo. Bayan kwana biyu ya tambaye ta, yana kallon jarida, wai shi ya ce a rufe ko rufe masa aka yi.

Wata Asabar Inci Biyu ya zo ya tarar da ƙyauren gida a buɗe. A tsakar gida, gindin gwaba, an ajiye benci. Yaya na zaune a gefe ɗaya da jarida. Ya nuna ɗaya gefen da haɓa. Inci Biyu ya zauna, sannan Yaya ya ninke jaridar.

“Mutumin nan da ke kwaikwayona. Sau nawa ka kawo shi ya leƙe ni?”

“Ko sau ɗaya, Yaya. Bai taɓa ganinka ba.”

“To wa ya koya masa?”

Inci Biyu ya ce masa kujerar ce. Ya yi masa bayani a hankali, yana jiran a katse shi, ba a katse shi ba: yadda kujerar da ta ba ƙofa baya ke tilasta wa mutum juyo da wuya kawai, yadda tabarau na karatu ke sa a duba ta sama, yadda rediyon da ke kusa da hannu ke zama bakin mai gida. Ya ce duk wanda aka zaunar a wurin sati ɗaya haka zai koma. Yaya ya saurara kamar ana karanta masa wasiƙar da aka aiko wa wani. Ya kai hannu ya shafa wuyansa.

“Wato kujerar ce ta murɗe min wuya.”

“Ita ce, Yaya.”

“Shekara talatin ina zargin matashin kai.”

Anti ta kawo shayi. Da aka shanye, Inci Biyu ya miƙe da kofuna zai kai ciki kamar yadda ya saba. Yaya ya ce ya ajiye, za a zo a ɗauka. Ya ce ya yarda bai yi da gangan ba, kuma wannan ne ma ya fi ba shi tsoro. Wanda ya yi sata da niyya yana iya tuba, amma wanda idonsa ke ɗauka bai sani ba, sai dai a rufe masa ƙofa. Asabar tana nan, benci yana nan. Falo kuwa an gama.

Shekara huɗu ke nan. Inci Biyu bai san yadda sabon falon Yaya yake ba, kuma abin na cinsa kamar ƙaiƙayi a tsakiyar baya. Ya tambayi Anti, ta ce ita ba ta ga komai ba. Ya aika 'yarsa, ta dawo ta ce Baba Babba ya sa ta yi alkawari. Ni kaina ya taɓa ɗauka na raka shi, wai in gaishe da dattijo. Yaya ya karɓe ni hannu bibbiyu, ya ce baƙo ba ya zama a waje, ya shigar da ni falo ya bar ƙaninsa a benci. Na zauna minti ashirin. Da zan fita ya riƙe hannuna ya dube ni ta saman tabarau, na ce na gane. A mota Inci Biyu ya yi ta lallashi, wai ba ya son komai, in gaya masa kawai ko kujerar na kallon ƙofa. Na ce masa ni mai sauti ne, abin da na ji kawai zan iya ba da shaida, kuma na ji fanka.

Asabar ɗin da ta wuce ma na raka shi, wannan karon ni ma a waje na tsaya, a bakin zaure. Suna kan benci sai hadari ya haɗo, aka fara yayyafi, kafin ka ce me ruwa ya sauko sosai. Anti ta leƙo ta labule ta ce don Allah su shigo, ai wannan ya zama lalura. Inci Biyu ya ɗan ɗaga daga benci yana kallon wansa. Yaya ya miƙe, ya ce ya jira. Ya shiga, ya ja labule a bayansa ya gyara shi har ƙasa. Can sai ga shi ya fito da lema guda ɗaya, ya buɗe, ya koma ya zauna, ya matso har kafaɗarsu ta haɗu.

“Riƙe,” in ji shi. “Hannunka ya fi nawa ƙarfi.”

Inci Biyu ya riƙe. Ya karkatar da ita wajen Yaya, ruwa na zuba a tasa kafaɗar ta hagu, Yaya kuma ya ci gaba da ba shi labarin da ya faro na wani tsohon abokin aikinsa a gidan waya, daga daidai inda ruwa ya katse shi.